Gasar Wasannin Makarantu a Sakkwato da Dalilin da Ya Sa Ba Ta Ɗorewa

 

An nemi mu ce wani abu game da wasannin makarantu, ganin cewa ƙungiyarmu tana shawarar sanya kofi tsakanin ƙananan makarantun sakandare na cikin gari. Kafin a sayi kofi, ya kamata mu waiwayi tarihi, mu ga abin da ya rayu da abin da ya mutu.

A 1933 aka fara gasar Garkuwar Hussey, wadda ta ci sunan Daraktan Ilimi na wancan lokaci. A cikinta ɗaliban Arewa da na Kudu suke karawa a guje-guje da tsalle-tsalle. Gasa ce ta hukuma, mai kuɗi da suna, amma a yau sai a bakin dattawa ake jin labarinta.

A gefe guda kuma ga ƙwallon bango, wanda Turawa suke kira Fives. Wani malami Bature mai suna Hogben ne ya kawo shi makarantun Katsina da Birnin Kebbi a shekarun 1920. Mutum biyu ne ke karawa da biyu, da tafin hannu, a ɗaki mai bango uku, kuma a ƙasarmu ƙwallon tanis ake bugawa. Marigayi Sardauna Ahmadu Bello ya shahara da shi a Kwalejin Katsina, inda ya gama a 1931 ya dawo ya koyar a Midil ta Sakkwato har 1934. Bai bar wasan ba ko da ya zama Firimiya. Ya rasu a 1966, amma har yanzu ana buga wasan a garuruwan Arewa, kuma sunansa na kan babban kofin da ake ci a kansa.

Me ya sa babbar gasa ta shuɗe, ƙaramin wasa ya tsira? A ganinmu, ƙwallon bango ba ya neman komai sai bango da ƙwallo, kuma waɗanda suka koya a makaranta sun riƙe shi bayan sun fita, suka kafa kulob, suka koya wa na baya. Wasan yana da masu shi.

Mu da muka yi kwalejin horon malamai a shekarun 1970 mun tarar da makarantun kwana, inda fita fili da yamma dole ne kamar shiga aji. Shirin ilimin firamare kyauta na 1976 ya ninka yawan yara, aka buɗe makarantun jeka-ka-dawo masu yawa. Matsin tattalin arziki na shekarun 1980 ya janye kuɗin wasanni. Rabon jihohi ma ya taɓa lamarin, domin cire Kabi a 1991 da Zamfara a 1996 ya raba makarantun da suka saba haɗuwa.

Cikin wannan hali mun sha ganin shugabannin ƙananan makarantu huɗu ko biyar sun haɗa kai sun shirya gasa tsakaninsu, saboda ba su iya ja da manyan makarantu. Shekarar farko a yi biki, ta biyu a yi da ƙyar, ta uku a sauya wa malamin wasanni wurin aiki, shi ke nan ta mutu kamar wutar kara. Kofin ya yi tsatsa a ofis, ba rajista, ba sunan yaron da ya ci. Daga baya fili ma a gina masa ajujuwa ko shaguna.

Saboda haka muna ba ƙungiya shawara huɗu. Ta farko, a fara da makarantun da yara za su iya zuwa wa juna a ƙasa, don kada kuɗin mota ya kashe gasar. Ta biyu, a zaɓi wasanni masu araha: gudu, tsalle, ƙwallon hannu, langa da ƙwallon bango, a kuma ware wa 'yan mata ranarsu da malamansu mata. Ta uku, a ajiye kuɗin shekara biyar a asusu kafin a busa usur na farko, a damƙa shi ga kwamitin tsofaffin ɗalibai, waɗanda ba a yi musu canjin wurin aiki. Ta huɗu, a buɗe littafin rajista, wannan mujalla kuma ta riƙa buga sunayen zakaru kowace shekara.

'Yan uwa mazauna birane, yaron da ba shi da fili da yamma zai sami wata majalisa, kuma kun san irin abin da ake sha a wasu majalisun. Abin da ake nema gare ku shi ne kaɗan mai ɗorewa, da zuwa kallo idan kun zo gida.