Zaɓen Cike Gurbi na York a Ƙasar Kanada, 1841

Jama'a, jawabin yau a kan zaɓen cike gurbi ne, watau zaɓen da akan yi a mazaɓa guda ɗaya idan kujerar wakilinta ta zama babu kowa, ko don ya rasu, ko don ya sauka. Mutane da yawa sukan raina irin wannan zaɓe, su ce kujera ɗaya me za ta sake a cikin majalisa? To, ga labarin wani wanda aka yi a ƙasar Kanada a shekarar 1841, zamanin tana ƙarƙashin mulkin Ingila.

A lokacin nan ƙasar kashi biyu ce. Kashin gabas, inda birnin Montreal yake, yawancin mutanensa jikokin Faransawa ne, Faransanci suke yi, ɗarikar Katolika suke bi. Kashin yamma kuwa, inda Toronto take, yawancinsu masu Ingilishi ne, 'yan Furotesta. A 1837 da 1838 aka yi tawaye a sassan biyu, domin Gwamna da 'yan majalisarsa na kusa suna zartar da abin da suka ga dama, ba su kula da wakilan da jama'a suka zaɓa ba. Da aka kwantar da tawayen, sai Gwamnatin Ingila ta aiko Lord Durham ya bincika. A rahotonsa na 1839 ya ba da shawara a haɗa sassan biyu, da nufin masu Faransanci su narke cikin masu Ingilishi sannu a hankali.

Dokar haɗewa ta fara aiki a watan Fabrairu 1841. Aka ba kowane sashe kujeru 42, alhali mutanen gabas sun kai wajen 650,000, na yamma kuwa wajen 450,000 ne. Bashin da yamma ta ci aka ɗora wa kowa da kowa. Har wa yau aka ce da Ingilishi kaɗai za a rubuta takardun majalisa. Ba sai an faɗa ba, mutanen gabas sun ga an ƙware su.

Cikin shugabanninsu akwai wani lauya, Louis-Hippolyte LaFontaine. Ra'ayinsa shi ne, ƙaurace wa majalisa ba zai fisshe su ba, gara su shiga su haɗa kai da masu neman gyara na yamma, su nemi a mai da mulki hannun ministocin da majalisa ta amince da su. A babban zaɓen Maris 1841 ya tsaya a mazaɓarsa ta Terrebonne. A zamanin nan ba a jefa ƙuri'a a asirce. Wurin zaɓe ɗaya ne tak a mazaɓa, mutum ya zo gaban jama'a ya faɗi sunan wanda yake so da bakinsa. Saboda haka wanda ya tare hanyar wurin ya ci zaɓe. Gwamna Lord Sydenham ba ya son LaFontaine ya shiga majalisa. Aka kai wurin zaɓen wani ƙauye na masu Ingilishi can gefen mazaɓar, ana ce da shi New Glasgow. Da LaFontaine ya iso da mutanensa, sai ya tarar ƙarti riƙe da kulake sun cika wurin. Ya ga in aka matsa jini zai zuba, sai ya janye, abokin hamayyarsa ya sami kujera.

Can a yamma kuwa, shugaban masu neman gyara, Robert Baldwin, shi ma lauya, ya ci kujeru biyu, Hastings da mazaɓa ta huɗu ta York, arewa da Toronto, don dokar lokacin ba ta hana mutum tsayawa wuri biyu ba. Amma kujera ɗaya zai zauna a kai. Ya riƙe Hastings, York ta zama babu wakili, dole a yi zaɓen cike gurbi. Da farko mahaifinsa, Dokta William Warren Baldwin, aka so ya tsaya. Sai ɗan ya roƙe shi ya bar wa LaFontaine, uban ya yarda.

Amma fa yardar shugabanni ba ita ce ƙuri'a ba. Mutanen York manoma ne, ba su jin harshen baƙon nan, ba ɗarikarsu ɗaya ba, garinsu da nasa tafiyar kwanaki ce, ga shi kuma ƙurar tawaye ba ta daɗe da kwantawa ba. Abin da aka shimfiɗa a gabansu shi ne, ƙarfin da aka gwada wa Terrebonne jiya ana iya gwada wa York gobe, kuma masu neman gyara na yamma su kaɗai ba su da yawan da zai rinjayi Gwamna. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. David Willson, shugaban wata ƙaramar jama'ar addini ta ƙauyen Sharon, ya tsaya tsayin daka wajen taimakon baƙon. LaFontaine ya zo da kansa ya gana da masu zaɓe, a watan Satumba 1841 kuwa suka zaɓe shi.

Cikin wannan wata Lord Sydenham ya rasu, bayan ya faɗo daga kan doki. Magajinsa, Sir Charles Bagot, ya duba ya ga ba yadda za a yi gwamnati ta tsaya in ba da goyon bayan wakilan gabas ba. A Satumba 1842 LaFontaine ya miƙe a majalisa, a birnin Kingston, ya yi jawabi da Faransanci, ko da yake an nemi ya yi da Ingilishi. Wakilin manoman York ke nan yana kare harshen mutanen gabas. Bayan 'yan kwanaki Bagot ya naɗa shi Babban Lauyan Gwamnati na gabas, Baldwin kuma na yamma.

Bisa dokar zamanin, duk wakilin da ya karɓi muƙamin gwamnati sai ya koma mazaɓarsa a sake zaɓensa. York ta sake zaɓen LaFontaine. Baldwin kuwa ya rasa Hastings cikin tarzoma. Alheri danƙo ne, ba ya faɗuwa ƙasa banza. Sai wakilin Rimouski, wata mazaɓa ta masu Faransanci can nesa a gabas, ya sauka daga kujerarsa, a Janairu 1843 aka zaɓi Baldwin ba hamayya.

Tafiyar ba ta ƙare nan ba. A Nuwamba 1843 suka sauka daga muƙamansu saboda saɓani da sabon Gwamna, Sir Charles Metcalfe, a kan naɗin ma'aikata. Amma haɗin kan bai warware ba. Jam'iyyarsu ta ci babban zaɓe, a Maris 1848 Gwamna Lord Elgin ya kira su su kafa gwamnati, ya kuma yarda zai bi shawarar ministocin da majalisa ta amince da su. A shekarar nan Majalisar Ingila ta soke sharaɗin harshe, a 1849 Lord Elgin ya karanta jawabin buɗe majalisa da harsunan biyu.

Abin lura a nan, jama'a, shi ne masu zaɓen York ba su tambayi harshen ɗan takara ko wurin ibadarsa ba. Sun tambayi abin da zai yi a majalisa, da kuma ko an yi masa adalci. Shi kuma LaFontaine, ran da aka tare shi da kulake, bai rama da kulki ba, ya jira ƙuri'a, ita kuwa ta zo masa cikin wata shida. Yau mutum-mutumin su biyu yana tsaye wuri ɗaya a harabar Majalisar Kanada a birnin Ottawa. Saboda haka duk wanda aka yi shelar zaɓen cike gurbi a mazaɓarsa, kada ya zauna gida yana cewa kujera ɗaya ce.