Tafintan da ke Cikin Kwamfutarmu



Batunmu na yau shi ne fayilolin nan da sunansu ke ƙarewa da DLL. Rumbun umarni ne da manhajoji ke ɗiba daga ciki a yayin da suke aiki.

Manhajar da aka riga aka horar, ta gane hoto ko ta fassara magana, aikinta ninka lambobi ne sau miliyoyi. Babbar ƙwaƙwalwar kwamfuta tana iyawa, amma da nawa, domin ma'aikatanta kaɗan ne. Katin sarrafa hoto kuwa yana da ƙananan ma'aikata ɗaruruwa, wani ma dubbai, masu lissafi a lokaci guda. Sai dai ba ya jin yaren manhajar. Fayil ɗin nan shi ne tafinta.

To, a hannun wa tafintan yake? Nvidia ya fitar da CUDA a 2007, ya biyo da cuDNN a 2014, amma katinsa kaɗai suke yi wa hidima, tsadarsa kuwa ba sai mun faɗa ba. A 2019 Microsoft ya shigar da DirectML cikin Windows 10, mai aiki da katin AMD, Intel ko Nvidia, muddin yana ɗaukar DirectX 12. Sau da yawa bai kai CUDA sauri ba, amma a ganinmu ya fi dacewa da aljihun ɗalibi.

Idan kwamfuta ta ce fayil ɗin ya ɓata, kada mu kwaso shi daga shafin da ba mu sani ba, domin yana aiki ne da duk ikon manhajar da ta kira shi. Mu sake girka manhajar daga wurin masu ita.