Jawabi kan rikicin cin iyaka: a saurare ka kafin a yanke

 

Damina ta ƙarato, kuma mun san abin da ke biyo ta: wane ya ci iyakar wane, wance ta shuka cikin burtali. Yawancin gonakin da kuke nomawa a nan jahar Maraɗi aro ne daga masu masaukinmu, shi ya sa da an ɗaga murya sai ɗan gudun hijira ya tattara fartanyarsa ya tafi, yana ganin baƙo ba ya da baki. Yana da shi. Sashi na 16 na yarjejeniyar 1951 ya ba ɗan gudun hijira damar zuwa kotu, sashi na 7 na yarjejeniyar Afirka kan haƙƙin ɗan Adam ya ce kowa a saurari ƙararsa. Nijar ta amince da duka biyun.

Idan wani ma'aikaci ya ce ka shiga filin hukuma ko na makiyaya, ka tashi, tambaye shi cikin ladabi: wa ya kai ƙara, wane wuri ne na shiga, yaushe za a ji ta bakina? Nemi a ba ka a rubuce. Ranar da za a duba iyaka ka tsaya a wurin da ƙafarka, da wanda ya ara maka gonar, da maƙwabtan da suka san inda gamba ko itacen iyaka yake. In ana magana da Faransanci, ka nemi tafinta. Aikinmu ke nan, ba a biya. Kada ka dangwala yatsa a takardar da ba a karanta maka ba, ko da an ce maka "ba komi ba ne".

Tsarin dokar karkara ta 1993 shi ne a fara sulhu wurin mai gari, in bai yiwu ba a je wurin sarki. An shirya ko ba a shirya ba, ana rubuta takarda, kuma da ita ake zuwa gaban alƙali. Karɓi taka. In umarnin daga magajin gari ko prefe ya fito, ana iya rubuta masa ya sake dubawa, amma akwai wa'adi, kada a kwana a kai.

Gaskiya ɗaya: sauraro ba nasara ba ne. Wanda ya shuka cikin burtali da wuya ya ci shari'a. Sai dai ko shi, bai kamata ya wayi gari ya tarar an tuge masa gero ba tare da an kira shi ba.

Iyayenmu mata masu riƙe da gida, ku yi magana da bakinku, ba dole sai namiji ya tsaya muku ba.

Wanda aronsa na baki ne kawai, ya zo ofishinmu kafin shuka, mu raka shi da mai gonar wurin kwamitin filaye na gari, wato COFOB, a rubuta takardar aro da iyakokinta.