Moustapha Alassane, Mai Sa Kwaɗi Magana

Yau zancenmu a kan Moustapha Alassane ne, mai shirya fim ɗan Nijar da aka haifa a 1942, ya rasu a Wagadugu a 2015.

Makaniki ne tun farko. Kafin ya taɓa kyamara, da fitila da yankakken kwali yake nuna wa yara wasan inuwa. Daga baya ya haɗu da mai shirya fim Jean Rouch a Yamai, ya kuma je Kanada ya ga yadda Norman McLaren yake motsa zane.

A 1966 ya fito da *Bon Voyage Sim*, ɗan gajeren fim na zane: kwaɗo ne shugaban ƙasa, ya tafi ziyara, ana ta fareti da kaɗe-kaɗe. Kowa ya san da wa ake, amma wa zai kai kwaɗo kotu? A shekarar kuma ya yi *Le Retour d'un aventurier*, labarin saurayin da ya dawo daga Amurka da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hana ƙauye sakat.

Abin da ya fi burge ni shi ne bai zauna jiran mai kuɗi ba. A Tawa ya zauna, yana ɗinka 'yan tsanarsa da hannu, yana ɗaukarsu hoto ɗaya bayan ɗaya har su motsa. Da haka ya yi *Kokoa*, inda ya sa kwaɗi kokawar gargajiya. Ya kamata matasanmu masu yin fim da waya, a Kano da Damagaram, su nemi finafinansa su kalla.