Tarihi a Tafin Ƙafa da Kan Harshe: Jawabi Game da Ƙasar Sabon Birni da Isa



Mu ɗaliban da muka fito daga gabashin Sakkwato, watau ƙasar Sabon Birni da Isa, muna godiya da aka ba mu wannan dama ta tsayawa a gabanku. Abin da za mu yi magana a kansa zai yi wa waɗansu kama da wasan yara, domin kuwa magana ce ta yawo da kayan zaƙi. Muna roƙon a yi haƙuri a saurare mu har ƙarshe, sa'an nan a yanke mana hukunci.

A waɗansu biranen Turai akwai wata sana'a wadda mutane su ke ci su sha da ita. Mutum ne wanda ya san garinsu ciki da bai zai tara baƙi kaɗan, ya shige musu gaba, su yi ta zaga gari da ƙafa har sa'a biyu ko uku. In sun iso wani tsohon gini ya tsaya ya ba su labarinsa, in sun iso kantin masu yin cakulan su shiga a ɗanɗana musu. Alal misali, a Burasal, babban birnin Beljiyam, a kan kai baƙi wata rufaffiyar kasuwa da aka buɗe a 1847, a nuna musu kantin Neuhaus. A 1857 kantin magani ne, mai shi yana lulluɓe magani da cakulan don a ji daɗin haɗiya. A 1912 jikansa ya cire maganin ya zuba kayan daɗi a madadinsa. Haka kuma a Turin ta ƙasar Italiya a kan gaya wa baƙo cewa tsadar koko ce, tun zamanin yaƙe-yaƙen Napoleon, ta sa mutanen garin suka shiga gauraya shi da 'ya'yan wani itace na ƙasarsu, har abin ya zama tambarin garin. Baƙo yana jin labari da kunne, yana ganin gini da ido, yana ɗanɗanawa da harshe, ƙafarsa kuma ta taka wurin. Wanda ya koyi tarihi ta wannan hanya da wuya ya manta.

Abin lura a nan shi ne, ko itacen koko guda ɗaya ba a nomawa a gonakin Beljiyam. Ba kokon safe da ƙosai mu ke nufi ba, kokon da a ke yin cakulan da shi. Wajen kashi biyu cikin uku na kokon duniya daga Afirka ta Yamma ya ke fitowa, galibi Kwaddibuwa da Gana, sai kuma Nijeriya da Kamaru. Abokan wasanmu Yarabawa su ne manomansa a ƙasar nan, da kuɗinsa ne ma aka gina dogon benen nan na Badun, Gidan Koko, a 1965. Amma manomin da ya sha rana shi ne ke samun kaso mafi ƙanƙanta, riba tana wajen wanda ya sarrafa, ya naɗe a takarda mai walƙiya, ya kuma haɗa da labari. Watau dai labari ma haja ne. Tambayar da mu ke yi ita ce, mu ba mu da labari ne, ko kuwa kayan daɗi ne ba mu da su?

To jama'a, bari mu ɗauke ku yawo, ko da da baki ne.

Zangonmu na farko kufan Alƙalawa ne, kusa da Sabon Birni, a bakin Gulbin Rima. Gobirawa daga Azbin suka gangaro, suka zauna a Birnin Lalle, sa'an nan a tsakiyar ƙarni na 18 Sarkin Gobir Ibrahim Babari ya kafa birninsa a nan, cikin ƙasar Zamfarawa. Tsofaffi sun ce gonakin alƙalin Zamfara ne a wurin, abin da ya jawo sunan ke nan. Baƙon da aka ba masauki sai ya fi ƙarfin mai gida, a cikin shekarun 1760 Babari ya ci Birnin Zamfara, wanda kufansa ke ƙasar Isa. Daga Alƙalawa ne Bawa Jan Gwarzo ya yi mulki. Shi ne wanda ya tara malamai a Magami ranar idi, wajen 1788, ya yi musu kyauta, Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya ƙi karɓar dukiya, ya nemi a bar shi ya yi wa'azi, a saki 'yan sarƙa, a kuma sassauta wa talakawa haraji, Bawa ya amince. Shekara 20 bayan haka, a watan Oktoba na 1808, rundunar jihadi a ƙarƙashin Muhammadu Bello ta ci Alƙalawa, aka kashe Sarki Yunfa. A wannan zango nakiya za mu miƙa wa baƙo. Garin shinkafa ne a ke soyawa, a kirɓa shi a turmi da zuma ko sukari, da man shanu, da citta da kanumfari da masoro. Takan yi watanni ba ta lalace ba, shi ya sa ta zama guzurin mai doguwar tafiya, ta kuma zama kan gaba a cikin garar amarya. Abincin mutanen da ba su yarda da gobe ba ne, sai sun yi mata tanadi.

Zango na biyu shi ne Sabon Birni kansa. Bayan yaƙin Gawakuke na 1836 Gobirawan da suka ƙi miƙa wuya sun kafa Tsibiri kusa da Maraɗi. Daga baya, a rabi na biyu na ƙarni na 19, Ɗan Halima ya ɓalle daga Tsibiri ya kafa Sabon Birni. Da Turawa suka zo, Ingila da Faransa suka ja layi a yarjejeniyoyinsu na 1904 da 1906, Tsibiri ta faɗa hannun Faransa, Sabon Birni ta faɗa hannun Ingila. Gida ɗaya aka raba biyu, amma har yau zane ɗaya ne a fuska, shida a kunci guda, bakwai a ɗayan, kuma sarautar Inna tana nan a ɓangarorin biyu. Daga ƙofar fada sai mu bi ta kasuwa, mu tsaya wajen mai dakuwa. Aya ce a ke soyawa a daka da gyaɗa, a sa zaƙi da ɗan yaji, a mulmula. Ƙasar Maraɗi ita ce cibiyar noman aya a Nijar, har ƙasar Sifen a ke fitar da ita, inda su ke yin irin kunun ayarsu. Saboda haka dunƙulen dakuwa ɗaya ya isa jagora ya bayyana wa baƙo yadda iyakar Bature ta kasa raba kasuwa. A nan ne kuma za a nuna masa jar akuya, wadda fatarta ta ƙetare hamada tun zamanin ayari, Turawa suka riƙa kiranta fatar Maroko, alhali kuwa tamu ce.

Zango na uku Isa ne, ɗaya daga cikin garuruwan ribaɗi da daular Sakkwato ta tsare iyakarta da su, inda sarauta ke hannun zuriyar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. Ga abin da zai ba baƙo mamaki: a Sabon Birni akwai Sarkin Gobir, a Isa ma akwai Sarkin Gobir, ɗaya daga gidan waɗanda aka ci da yaƙi, ɗaya daga gidan waɗanda suka ci. Jagora na ƙwarai tilas ne ya faɗi labarin ɓangarorin biyu ba tare da zagi ko ƙari ba, domin jikokinsu sun yi auratayya, suna sahu ɗaya a masallaci, suna ma zaune a benci ɗaya cikin wannan ɗaki. A Isa fura za mu dama wa baƙo. Geron na manomi ne, nonon na makiyayi ne, ƙwarya ɗaya ta haɗa su. In babu ɗaya, babu fura.

Malam Shugaba, mun san abin da ke zukatan waɗansu. Suna cewa, ina maganar yawo a ƙasar da mutum ba ya iya zuwa gonarsa? Gaskiya ne, kuma mu muka fi kowa sani. A watan Mayu na 2020 'yan bindiga sun kashe mutum fiye da 70 a ƙauyukan Sabon Birni. A watan Satumba na 2021 aka katse layukan waya a yankin, muka yi makonni ba mu ji muryar iyayenmu ba. A watan Disamba na 2021 aka ƙone matafiya a cikin mota a Gidan Bawa. A watan Agusta na 2024 aka kashe Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, a hannun waɗanda suka sace shi. Tun 2019 dubban mutanenmu suka ƙetara Nijar, jihar Maraɗi, suna gudun hijira. Ba mu zo nan don mu ce wa kowa ya ɗauki baƙo ya nufi Alƙalawa gobe ba. Wanda ya yi haka ya yi ganganci da ran mutane.

Amma akwai wata asara wadda ba a ƙirga ta a rediyo. Kakar ɗaya daga cikinmu ta shekara fiye da 40 tana yin nakiyar garar 'yan matan ƙauyensu. Yau tana zaune a ɗakin haya a Sakkwato, turminta da kaskonta suna can inda ta baro su da dare. Da jikanta ya ce ta koya wa ƙannensa, sai ta ce, "Ɗan nan, wa zai yi gara a gidan haya?" Haka kuma tsofaffin da suka haddace jerin sarakuna da kirarinsu sun warwatse, waɗansu a Maraɗi, waɗansu a Sakkwato, waɗansu sun riga mu gidan gaskiya. Gida in ya ƙone a kan sake ginawa. Tsoho in ya tafi da abin da ke kansa, babu magini da zai mayar. Daɗin daɗawa, mu kanmu 'yan boko muna da laifi. Da muka tambayi junanmu wa ya taɓa taka Alƙalawa tun lokacin da hanya ke lafiya, sai muka shiga kallon ƙasa. Mun haddace shekarun yaƙe-yaƙen Turai don jarrabawa, amma kufan da ke bayan gidanmu sai a littafin Bature muka gan shi.

Saboda haka ga abin da mu ke kira a yi, kuma babu wanda ya fi ƙarfin aljihun ɗalibi.

Na farko, duk wanda ke da tsoho ko tsohuwa daga wannan yanki, ya zauna da su a hutun nan, ya ɗauki muryarsu da wayarsa. Ya tambayi sunayen ƙofofi da unguwanni da tafkuna, ya tambayi awon nakiya da alkaki da kantu, mudu nawa, wuta yaya. A rubuta da Hausar Gobir yadda aka faɗa, kada a gyara ta ta koma ta Kano. Da tsohuwar zuma a ke magani.

Na biyu, mu roƙi malamanmu na Sashen Tarihi da na Harsunan Nijeriya su duba abin da muka tara, su raba mana tarihi da ƙanzon kurege, sa'an nan a ajiye a laburare.

Na uku, mu gwada yawon a inda ƙafa ke iya zuwa. A birnin Sakkwato akwai Hubbaren Shehu, da fadar Sarkin Musulmi, da Gidan Tarihi na Waziri Junaidu. Mu ɗauki sababbin ɗalibai mu zaga da su, rabin labarin Gobir yana nan. Kayan da za a ɗanɗana kuwa a saye su daga hannun matan nan namu 'yan gudun hijira, a kan farashin da su suka yanka, a kuma bar su su yi bayani da bakinsu. Kada mu yi musu abin da aka yi wa manomin koko, su daka mu kwashe riba da suna.

Na huɗu, mu zana taswirar yawon Alƙalawa da Sabon Birni da Isa tun yanzu, zango zango, mu ajiye. Mu kuma ci gaba da matsa wa hukuma lamba a kan tsaro, da alƙalami da murya, domin taswira ba ta da amfani in hanya a rufe ta ke.

'Yan'uwa ɗalibai, ƙasar nan ta ga 1808, ta ga Gawakuke, ta ga layin Bature, ba ta ƙare ba. Wannan ma zai wuce da yardar Allah. Ranar da hanya ta buɗe, baƙo zai sauka a tashar Sabon Birni ya ce a nuna masa inda Bawa ya zauna. Abin kunya ne a rasa ɗan gari ɗaya da zai shige masa gaba, ko tsohuwa ɗaya da za ta miƙa masa nakiya. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi.

 Allah ya zaunar da ƙasarmu lafiya, ya mai da kowa gidansa.