Hannuwan Ƙwayar Zarra: Yadda Masana Kemistiri Suka Gano Ƙa'idar Balensi



Duk yaron da ya shiga ajin kimiyya an koya masa cewa ruwa H2O ne, watau ƙwayar zarra biyu ta haidirojin da ɗaya ta oksijin. Yakan haddace, ya ci jarrabawa, ya wuce. To, don me biyu da ɗaya? Amsar ita ce abin da masana ke kira balensi, watau yawan ƙwayoyin da kowace ƙwayar zarra ke iya riƙewa. Don sauƙi zan riƙa cewa hannu: haidirojin hannunsa ɗaya, oksijin biyu. Mutanen da suka ƙidaya hannuwan nan kuwa, ba ko ɗaya daga cikinsu da ya taɓa ganin ƙwayar zarra. Ma'auni da lissafi kaɗai suka dogara da su.

A 1808 John Dalton, wani malami a Manchesta ta Ingila, ya bayyana cewa ƙwayoyin kowane sinadari na asali nauyinsu ɗaya ne, kuma bisa adadi ƙayyadadde suke haɗuwa da na wani. Amma ba shi da hanyar sanin adadin, sai ya ɗauka ruwa ɗaya da ɗaya ne. Ruɗanin da ya biyo baya ya kai shekara 50. Kowane masani da nasa jadawalin nauyi, har ta kai a wani littafi na 1861 an jera hanyoyi 19 na rubuta asid ɗin da ke sa ruwan khal tsami. Abu guda a kwalba, amma 19 a takarda!

Wanda ya fara hango ƙa'idar shi ne Edward Frankland, Bature ɗan Ingila da ya soma rayuwa yana yaron mai sayar da magani. A 1849, a ɗakin binciken Bunsen da ke Marburg a Jamus, ya haɗa tutiya da wani gungun ƙwayoyin kabon da haidirojin, ya sami wani ruwa mai kama wuta da kansa da zarar iska ta taɓa shi. Da ya ci gaba da irin wannan haɗi da wasu ma'adinai, sai ya lura da wani abu: duk ƙwayar da ta riƙe irin gungun nan, oksijin da za ta iya ɗauka yakan ragu daidai gwargwado, kamar mai riƙe da ƙwarya a hannu ɗaya, saura ɗaya ya rage masa na gaisuwa. A 1852 ya rubuta cewa naitirojin da fosfaras da asanik suna yawan ɗaukar uku ko biyar, ko da wa suka haɗu.

Sai batun kabon, sinadarin da ke cikin gawayi da man gyaɗa da jikinmu. A 1858 mutum biyu, kowa a wajensa, suka gano cewa kabon hannuwansa huɗu ne, kuma yana iya riƙe ɗan'uwansa su yi sarƙa. Ɗaya Bajamushe ne, August Kekulé. Ɗayan Archibald Couper, saurayi ɗan Sikotilan da ke aiki a ɗakin binciken Wurtz a Faris. Couper ya miƙa wa Wurtz takardarsa don a karanta a majalisar masana kimiyya ta Faransa, aka yi jinkiri, ta Kekulé ta riga fita. Couper ya fusata, Wurtz ya sallame shi. Bai jima da komawa gida ba ya sami taɓuwar hankali, bai ƙara yin wani bincike ba har ya rasu a 1892. Alhali kuwa layukan nan da ɗalibanmu ke ja tsakanin haruffa don nuna riƙo, yana cikin waɗanda suka fara jan su. Ma'aikatan da ke cikinmu sun san abin da kwanan fayil a kan tebur ke jawowa.

Kekulé ya dage cewa yawan hannu ba ya sākewa, Frankland kuwa ya ce yana sākewa. A nan gaskiya tana wajen Frankland, domin ƙarfe yakan riƙe da hannu biyu, yakan kuma riƙe da uku. Shi kuwa ruɗanin nauyi, bayanin Cannizzaro ɗan Italiya a taron Karlsruhe na 1860 ne ya warware shi.

Duk wannan ƙidaya ce, ba wanda ya san mene ne hannun. Sai da J. J. Thomson ya gano elektiron a 1897, sa'an nan a 1916 Gilbert Lewis na Amurka ya ce kowane riƙo elektiron biyu ne da ƙwayoyi biyu suka yi tarayya a kai. Oksijin yana da shida a da'irarsa ta waje, yana neman biyu ya cika takwas, shi ya sa yake kama haidirojin biyu. Ga amsar tambayarmu, shekara 108 bayan Dalton.

Bisa ga wannan lissafi, iskar da da'irarta ta riga ta cika, irin su agon da zinon, ba ta da hannu ko ɗaya, kuma haka aka yi ta koyarwa. A 1962 Neil Bartlett, yana aiki a Bankuba ta Kanada, ya gauraya zinon da wani jan tururi na filatinam da fulorin, nan take wani gari rawaya ya kwanta a cikin gilashin. Dole aka sake rubuta wannan babi a littattafan makaranta.