Majigin Zane da Gasar Tara Makamai



Hausawa na cewa faɗan da ya fi ƙarfinka, mai da shi wasa. Abin da wasu masu shirya gajeren majigi suka yi ke nan a farkon Yaƙin Cacar Baka, sa'ad da Tarayyar Sobiyet ta gwada bam ɗin nukiliya a 1949, Amurka kuma ta gwada wanda ya fi shi ƙarfi, na haidurojin, a 1952.

A 1952 ɗin ne Norman McLaren ya fitar da "Neighbours" a Kanada, majigi na minti takwas. Maƙwabta biyu na zaman lafiya, sai fure ya tsiro a iyakar gidajensu. Daga gardama sai shinge, daga shinge sai duka, har suka tattake furen, suka hallaka iyalan juna, su ma suka mutu. A 1953 kuma Chuck Jones ya zana agwagwa Daffy da Marvin, mutumin Mars, suna jayayya kan wata duniya. Kowa ya ɗana makaminsa na sirri, duniyar ta tarwatse, Daffy ya tsaya kan ɗan guntun dutsen da ya rage yana shelar nasara.

Roƙona, mu nuna wa manyan ɗalibanmu waɗannan finafinai, sannan mu tambaye su: a wane mataki ne ɗaya zai iya janyewa, me ya hana shi? Yaron da ya taɓa raba faɗa a filin makaranta yana da amsa.